Mai Sunan Hajiya

Litinin, 6 ga Mayu, bayan azahar

Wannan littafin awon ɗinki ne. Daga gaba faɗin kafaɗar rabin matan Koki na ciki, ni kuwa na juyo shi ta baya don in rubuta abin da ba ni da wanda zan gaya wa.

Yau kwana shida yarinyar ba ta ce uffan ba. Tana ci, tana sha, tana bin mutum da ido. Saura wata biyu ta cika shekara uku, kuma kafin ranar Talata ita ce rediyon gidan nan, har sai an roƙe ta ta yi shiru. Kwana biyun farko na ɗauka dishewar murya ce. Muryar ai ta isa ta dawo yanzu.

Maigidan yana tsakanin rumfarsa ta huluna a Kurmi da asibiti, inda mahaifiyarsa, Hajiya, take kwance tun Talatar da ta faɗi, ɓarin jiki ya shanye, baki ya ɗauke. Ƙanwarsa ce ke jinya. Ni an ce in zauna da yarinya. Ɗakin Hajiya na rufe, na share tsakar gida sau uku yau ba don ta yi datti ba.

Talata, 7 ga Mayu, da hantsi

Talata ta zagayo. Ban buɗe keken ɗinki ba.

Alhamis, 9 ga Mayu, bayan la'asar

Inna 'Yardada ta maƙwabta ta shigo da shawara, kamar yadda ta saba shigowa da ita ko ba a aika mata ba. Ta buɗe bakin yarinyar da yatsa ta leƙa.

"Linzami ne, 'yar nan. Ki sa mijinki Mustafa ya kira wanzami, minti biyu an gama."

Na ce, "Inna, linzamin da ya bar ta shekara guda tana zuba, sai yanzu ya tuna da ita?"

Ta ce yaran zamani ba a gaya muku magana. Na ba ta haƙuri, amma wanzami dai bai shigo ba. Rubutun da maigidan ya karɓo mun ba ta, ta shanye ta miƙo kofi.

Bari in rubuta yadda muke da ita, tunda littafi ba ya gori. 'Yar fari ce, kuma sunan Hajiya aka sa mata. Kunya biyu ke nan a kan mutum ɗaya. Kakata da ta raine ni a Jakara ta koya min cewa mace ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, balle sunan uwar miji ya fito daga bakinta. Ƙawayena sun daɗe da yar da wannan, ni na riƙe, kuma ina jin daɗin riƙewar. In baƙi sun zo Hajiya takan nuna ni ta ce, "Bahijja irin ta da ce, ba a samun su yanzu." Sai in sunkuyar da kai, raina fes.

Ranar da aka yaye yarinyar Hajiya ta ɗauke ta zuwa ɗakinta. Can take kwana, can take ci. Hajiya na ce mata Takwara, ita ma tana ce wa Hajiya Takwara. Ubanta na ce mata Mamana. Ni "ke" nake ce mata, ita kuma ta ce min Anti, yadda take jin 'ya'yan masu kawo ɗinki na faɗa.

Yanzu daga ni sai ita a gida. Na ba ta wayata tana kallon katun, ni ina kallon ta.

Litinin, 13 ga Mayu, ƙarfe biyu na rana

Mun dawo daga asibiti. Likitan yara saurayi ne mai fara'a, Hausarsa ta koyo ce amma tana fita. Ya duba maƙogwaro, ya haska kunne, ya zaunar da ita a kujera tana fuskantar bango mai hoton giwa.

"Madam, ki tsaya a bayanta ki kira sunanta."

Na tsaya. Ga ma'aikaciyar jinya, ga wasu mata biyu a bakin ƙofa suna jiran layi.

Na ce, "Ke."

Ya ce, "Sunanta, madam."

Na buɗe baki, wallahi na buɗe. Abin da ya fito dai shi ne "ke", a hankali ma fiye da na farko. Ba ta juyo ba. Ina jin ya ɗauka wani laƙabi ne, don kai kawai ya gyaɗa ya yi rubutu. Ma'aikaciyar ta fassara min: ba ta juyowa idan uwa ta kira sunanta, a gwada jinta, a kai ta wajen mai koyar da magana ranar Laraba.

Da maigidan ya karanta katin sai ya zauna a bakin rijiya.

"Bahijja, kurumta kuma? Ga Hajiya, ga wannan."

Da na yi masa bayani da hankalinsa ya kwanta. Ban yi ba. Na ji kunyar kunyata, abin da ban san ana ji ba.

Laraba, 15 ga Mayu, bayan azahar

Mai koyar da maganar sunanta Malama Kolo. Ta manyanta, 'yar cikin gari ce, amma asalinsu mutanen Borno ne irin su Hajiya. Ofishinta babu kujerar zama sai tabarma da kwandon kayan wasa. Ta karanta katin, ta zagaya bayan yarinyar kamar za ta ɗauko wani abu, ta saki makullanta a ƙasa. Yarinyar ta juyo firgigit.

"Gwajin kunne za a yi don a cika ƙa'ida, amma wannan tana ji," in ji ta. "Da wane suna kika kira ta ranar?"



Ta sake duba katin, ta dubi sunan, ta dube ni ta saman tabarau. "'Yar fari ce?"

Na ce e.

"Sunan wa ta ci?"

"Na Hajiyarsu."

Ta yi dariya har da riƙe ciki, ba ta wulaƙanci ba. "Allah sarki likita. Ya rubuta wa yarinya kurumta alhali uwa ce bebiya."

Ni ma na yi dariyar, sai ga hawaye. Ta bar ni na gama. Ta tambayi abin da ya faru ranar Talata, na gaya mata iya abin da zan iya. Sai ta ce, "A gidan, wa yake yi mata hira?" Na ce Hajiya. "Bayan Hajiya fa?" Na ce ubanta, in ya dawo kasuwa bai gaji ba. Ba ta sake tambaya ba.

Ga abin da ta ce in yi, na rubuta don kada in manta. In ajiye waya. In durƙusa idona ya zo daidai nata, kada ta riƙa jin magana daga sama. Duk abin da hannuna ke yi bakina ya faɗa, gajeru gajeru. Abin da ta kalla shi zan yi magana a kai, ba abin da ni nake so ta kalla ba. In daina ba ta abu tun ba ta nema ba: in riƙe biyu in ce koko ko shayi, sannan in ƙirga goma a zuciya. In ta nuna da yatsa, wannan ma amsa ce, in karɓa in faɗa mata sunan abin. Kuma kada kowa ya tsare ta da "ce kaza, ce kaza".

Na ce, "Malama, ni zan zauna ina surutu ni kaɗai?"

Ta ce, "Kakarta shekara uku tana yi, wa ya ce mata mahaukaciya?"

Juma'a, 17 ga Mayu, da hantsi

Na gwada. Na shimfiɗa tabarma kusa da keke na ce, "Ga almakashi. Ina yanka. Yadi ja. Zare ya ƙare." Muryata ta yi min kamar ta mai sanarwa a tasha. Wata mai karɓar ɗinki ta yi sallama tana waige-waige, tana neman wadda nake yi wa magana.

Ƙirga goma ya fi ɗinkin sallah wuya. Ina kaiwa huɗu hannuna ya riga ya miƙa mata kokon. Ashe duk rayuwata ban taɓa jiran yarinyar nan ba, sallamar ta kawai nake yi.

Da na hana wayar ta yi kuka. Kukan ma babu sauti sosai.

Asabar, 18 ga Mayu, magariba

Shiru.

Lahadi, 19 ga Mayu, magariba

Shiru. Zafi. Ba wuta tun jiya.

Talata, 21 ga Mayu, bayan la'asar

Amaryar Ƙofar Mazugal, wadda nake gidanta ranar da Hajiya ta faɗi, ta aiko wai hannun riga ɗaya ya matse ta, in zo in gani. Na ce a kawo rigar. Ba zan sake taka gidan nan ba, ko da su ba su yi min komai ba. Lemo suka ba ni da hira mai daɗi, ni ce na zauna.

Maigidan bai taɓa ce min "rabin awa kika ce" ba. Ko sau ɗaya. Da ya faɗa da na samu abin da zan yi fushi da shi.

Laraba, 22 ga Mayu, da hantsi

Yau na kai goma. Na riƙe ƙyalle ja da shuɗi na ce, "Ja ko shuɗi?" Na ƙirga har takwas, sai ta ɗago yatsa ta taɓa shuɗin. Na ce, "Shuɗi. Kin zaɓi shuɗi." Ta kalle ni cikin ido. Ban san idonta na da baƙin ɗigo a gefen hagu ba sai yau, irin na mahaifina.

Na ɗinka wa 'yar tsanarta zane da shi. Ta tsaya jikin keke, ina cewa "taka, tsaya, taka, tsaya". Da na yi gangancin cewa "tsaya" alhali ina takawa, sai ta bugi gwiwata.

Asabar, 25 ga Mayu, bayan azahar

Sakamakon kunne lafiya lau. Maigidan ya yi hamdala, ya ce to me ya rage. Na ce lokaci, in ji Malama.

Da safe na dama kunu. Yarinyar ta shiga kicin ta jawo ƙaramin kwanon shan Hajiya, wanda na tura can bayan tukwane tun ranar. Gefensa ya lotsa. Ta ajiye a gabana da ludayi biyu, ta zauna ta harɗe ƙafa.

Na san abin da take jira. Kullum da safe ina jin su daga kan keke. Hajiya ce ta ƙirƙiro abinta, takan buga ludayi a kwano ta rera:

Kunu ya huce, ludayi na jira,
Wace ce a gidan nan ake kira ...?

A nan sunan yake zuwa. Yarinyar ta ce "Ni ce", Hajiya ta dafa ƙirji ta ce "Ƙarya kike, ni ce", su yi ta musu har kunun ya ƙare.

Na buga ludayi na rera. Da na zo wurin sai na ce "mm-mm". Ta jira. Na sake, na sake yin "mm-mm". Ta miƙo hannu ta taɓa leɓena, kamar mai duba ko wani abu ya maƙale. Daga nan ta tashi ta bar kunun.

Litinin, 27 ga Mayu, da hantsi

Ko a nan ban iya rubuta sunan ba. Na duba shafin shekaranjiya, ɗigo uku na sa.

Laraba, 29 ga Mayu, bayan azahar

Na ba Malama Kolo labarin yatsa da shuɗin ƙyalle, ta ce madalla, hanya ce. Na ba ta labarin waƙar. Ta ce waƙar da yaro ya sani ta fi duk kayan kwandonta, domin in ka rera ka tsaya dab da ƙarshe, bakinsa kan cike gurbin tun bai yi shawara ba.

"Amma ke a tsakiya kike barin rami. Ta ina za ta tsallako?"

Na ce, "Malama, sunan surukata ne. Tana kwance. In ta tashi ta ji ina rera shi da ludayi fa?"

Ta ce, "Ni ma ban taɓa kiran sunan ɗan farina ba, yau shekararsa talatin da huɗu. Ba zan ce miki al'adar banza ce ba. Amma da can da ake yin ta, gida cike yake da kakanni da gwaggwanni, in uwa ta yi kara akwai baki goma da za su kira yaro. Ke a gidanku baki nawa ya rage?"

A Adaidaita na yi ta jin haushinta har Koki, don ba ni da abin da zan ce ta yi ƙarya a kai.

Alhamis, 30 ga Mayu, bayan la'asar

Inna 'Yardada ta kawo gumba. Ta zauna tana juya bakin mayafi, ba shawara yau.

"'Yar nan, akwai abin da yake ci na. Ranar nan na ji yarinyar. Ta katanga. Takwara, Takwara, Takwara, tun hantsi. Na ɗauka wasansu ne na kullum. Har na ce yau kuma tsohuwar ta ƙi amsawa don tsokana. Wajen azahar na daina ji."

Na ce ba komai, Inna, Allah ya riga ya rubuta. Na raka ta zaure.

Azahar ta wuce na dawo ranar. Na tarar da Hajiya a ƙasa, yarinyar na zaune a gefenta, ta riƙe ludayi biyu.

Ba zan ƙara rubutu yau ba.

Juma'a, 31 ga Mayu, bayan asuba

Ta yi kira awa uku ba a amsa ba. Ni kuma shekara uku ban kira ta ba. Ina ta neman ciwo a harshenta da kunnenta.

Lahadi, 2 ga Yuni, magariba

Ruwan farko ya sauka. Yarinyar ta tsaya bakin ƙofa ta miƙa tafin hannu. Na durƙusa na ce, "Ruwa. Sanyi. Ɗis, ɗis." Indararo ya zubo mata a ka, ta yi dariya, da sauti. Na rantse da sauti. Na kira maigidan a waya ya ce in sa ta ta sake, na ce ba a sa ta.

Ya ce gobe ko jibi za a sallami Hajiya. Likitoci sun ce abin da ya rage na gida ne da haƙuri. Na tambaye shi bakin fa. Ya ce, "Ki gyara ɗakin dai."

Talata, 4 ga Yuni, bayan la'asar

An kawo Hajiya. Mutum biyu suka riƙo ta. Ta rame, hannun dama na kwance a cinya, idon nan dai nata ne, yana bin kowane lungu yana duba ko na bar yana. Na durƙusa na gaishe ta. Leɓenta ya motsa, ba abin da ya fito.

Yarinyar ta ɓuya a bayan zanena. Ba ta taɓa ɓuya a bayana ba. 'Yan dubiya suka yi ta "je ki gaida Takwara mana, ce sannu", har sai da na ce a ƙyale ta, da muryar da ta sa wata gwaggo ta kalle ni. Hajiya na ta kallon ta, ita tana leƙe da ido ɗaya.

Laraba, 5 ga Yuni, da hantsi



Maigidan ya fita kasuwa, ƙanwarsa ta tafi gidanta ta huta. Na shimfiɗa wa Hajiya tabarma a inuwar ɗakinta, na jingina ta da filo. Na dama kunu a kwanon nan mai lotsatsen gefe. Yarinyar na can bakin rijiya ta ba mu baya, tana wasa da 'yar tsana.

Na durƙusa gaban Hajiya na ce, "Hajiya, zan yi rashin kunya. Ki yafe min." Ta dube ni, ta dubi kwanon, ta dubi bayan yarinyar. Ban san ko ta gane ba. Ban jira na sani ba, don in na jira ba zan yi ba.

Na buga ludayi.

Kunu ya huce, ludayi na jira,
Wace ce a gidan nan ake kira Zara?

Su biyu suka juyo.

Na fara ƙirga. Ɗaya, biyu, uku. Kunyar duniya ta rufe ni. Shida, bakwai. Yarinyar ta taso, ta tsaya nesa kaɗan, tana kallon bakina. Goma ta cika, ba ta ce komai ba. Na ci gaba da ƙirgawa, tunda Malama ba ta ce haramun ne a wuce goma ba.

A sha huɗu Hajiya ta ɗaga hannun hagu. Da ƙyar ya tashi. Ta kai shi ƙirjinta ta dafa, sau biyu, gefen bakinta mai motsi ya ɗan ja sama.

Yarinyar ta ɓata fuska. Ta matso har gwiwarta na taɓa tabarmar, ta cire hannun Hajiya daga ƙirjin, ta ɗora a nata.

"A'a," ta ce, muryar a shaƙe kamar ta wanda ya tashi daga barci. "Ni ce."

Hajiya ta mayar da hannun ƙirjinta. Yarinyar ta sake janyewa. Ni na riƙe ludayi ina ba wannan ina ba waccan, hawaye na ɗiga a hannuna, ba wadda ta kula da ni. Ba ta ƙara wata kalma ba bayan wannan, kuma ban nema ba.

Da kunun ya ƙare ta ɗauki kwanon za ta kai kicin. Ta kusa ƙofa na kira ta, ba waƙa, ba ludayi.

"Zara."

Ta tsaya ta juyo, tana jira ta ji me zan ce. Ban tanadi komai ba. Sai na ce ta kawo kwanon mu wanke tare.